Aikin sulhun Janar Abdulsalami na buƙatar magada

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Na karanta rahotonku kan rayuwar aikin Janar Abdulsalami Abubakar mai ritaya, kuma ina roƙon fili in yi tsokaci.

An fi tuna shi da miƙa mulki ga Cif Olusegun Obasanjo ranar 29 ga Mayu, 1999, ƙasa da shekara guda bayan ya gaji Janar Sani Abacha. A ganina, abin da ya yi bayan ya tuɓe kaki ya fi wannan nauyi. Shi ya jagoranci sulhun Laberiya a Accra a 2003. A 2015 Kwamitin Zaman Lafiya na Ƙasa da yake shugabanta ya zaunar da Jonathan da Buhari suka sa hannu kan amincewa da sakamakon zaɓe, lokacin da mutane ke kwashe iyalansu zuwa garuruwansu saboda fargaba. A 2023 ma shi da Sarkin Musulmi aka tura Yamai domin sulhu bayan juyin mulkin Nijar.

Damuwata ita ce, an haifi Janar a 1942, kuma aikin ya rataya ne a kan kwarjininsa. Ga shi a Abuja ake sa hannu gaban 'yan jarida, alhali a unguwa da rumfar zaɓe 'yan daba ke zare wuƙa.

Ina kira ga Majalisar Tarayya ta kafa wannan kwamiti da doka, da rassa a jihohi 36, a sa manyan hafsoshi masu ritaya da ba su shiga jam'iyya ba su yi aiki tare da sarakuna da malaman addini tun kafin zaɓe mai zuwa.

Naku,
Mai karatu daga Minna