Kafin ku sake buga "an gano maganin kansa"

Assalamu alaikum Malam Edita, barka da ƙoƙari.

Ina da ɗan ƙorafi ne kan yadda jaridunmu ke rubuta labarin cutar daji, kusan duk wata sai ka ga kanun labari wai masana sun gano maganin kansa, mai jinya ya karanta ya sa rai, ka shiga ciki ka tarar a jikin ɓera aka gwada. To ni ina so masu karatu su ji tarihin aikin mutum ɗaya kawai, Farfesa Robert Weinberg na jami'ar MIT a Amurka, don su ga yadda abin yake tafiya a zahiri.

An haife shi a 1942, iyayensa gudun hijira suka yi daga Jamus lokacin Hitler. A MIT ya yi digirin farko, nan ya yi na dakta ya gama a 1969, ya je ƙaro sani cibiyar Weizmann a Isra'ila da cibiyar Salk a Kalifoniya sannan ya dawo MIT ɗin dai, kuma yana cikin waɗanda aka kafa cibiyar Whitehead da su a 1982. Wannan duk takarda ce, aikin shi ne abin ji.

A wancan zamanin masana da yawa sun fi zargin ƙwayar bairos ce ke kawo cutar daji. Shi da ɗalibansa sai suka ɗebi DNA, wato sinadarin da ke ɗauke da rubutun gadon halitta, daga ƙwayoyin jikin da suka zama daji suka saka cikin lafiyayyun ƙwayoyin ɓera, sai ga lafiyayyun sun rikiɗe sun fara hayayyafa ba tsayawa, kenan ɓarnar tana cikin rubutun gadon ƙwayar ita kanta. A 1982 aka kamo mai laifin a dajin mafitsara, wani sashe na gado mai suna ras, kuma abin da ya ɗaure min kai wallahi harafi ɗaya tak ne ya canja a cikinsa. Harafi ɗaya fa! Kamar totur ne ya maƙale a mota. Ba shi kaɗai ba ne, ɗakunan binciken Michael Wigler da Mariano Barbacid ma suna kan wannan tsere a lokaci guda, gara a faɗi gaskiya. A 1986 kuma tare da Stephen Friend da Thaddeus Dryja suka ware wani sashe na gado mai suna Rb, wanda shi burki ne, in ya lalace yaro na iya kamuwa da dajin ido.

To ga inda nake so a tsaya a duba. An san ras tun 1982 amma maganin farko da ke kama irinsa kai tsaye, sotorasib, sai 2021 hukumar magunguna ta Amurka ta amince da shi, kusan shekara 40 kenan, shi ma na wani nau'in dajin huhu ne kawai mai takamaiman canji guda. Wani sashen da ɗakin bincikensa ya gano a ɓeraye, neu, shi ne ɗan uwan sashen gadon mutane mai suna HER2, maganinsa Herceptin na dajin mama ya fito a 1998, wannan ma ana ganin ya yi sauri.

A 2000 shi da Douglas Hanahan suka rubuta maƙala a mujallar Cell suka tattara halaye 6 da ƙwayar daji ke da su, irin su ƙin mutuwa da janyo wa kanta jijiyoyin jini da yaɗuwa zuwa wasu gaɓoɓi, a 2011 suka dawo suka ƙara wasu don na farkon bai cika ba. Mutumin da ya shafe shekaru masu yawa a fannin kenan yake gyara maganarsa bayan shekara 11.

Roƙona Malam Edita, duk sanda za ku buga irin wannan labari ku gaya mana tun a layin farko ko a ɓera aka gwada ko a mutum, mutum nawa, kuma wane irin daji.

Na gode, Allah ya ƙara basira.

Naku,
Wani mai bibiyar shafin lafiya