Kiwo a Wasan ARK: Abin da Ke Bin Jini da Abin da Ba Ya Bi

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan alheri gare ku da dukkan ma'aikatanku, ina roƙon ku ba ni ɗan fili in yi magana a kan abin da ba a saba gani a wannan shafi ba, wato wasan kwamfuta. Ni malamin Bayoloji ne a wata makarantar sakandare a Zariya, kuma ina buga wasan ARK: Survival Evolved, wanda kamfanin Studio Wildcard na Amurka ya fara fitarwa a 2015, ya kammala shi a 2017. Wasu daga cikin ɗalibaina suna buga shi, yawancinsu a waya. Abin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne ina ganin yaran nan suna ƙona data, suna hana idonsu barci wajen kiwon dabbobin wasan, alhali ba su gane ƙa'idar gadon da aka gina kiwon a kanta ba. Ƙa'idar kuwa ta cancanci a yi bayaninta da Hausa, domin ta yi kusa ƙwarai da darasin gado da nake koyarwa a ajin ƙarshe.

Ga wanda bai san wasan ba: mutum ne zai farka a bakin teku a wani tsibiri, ba sutura ba makami, ga dainoso ko'ina. Zai sari itace, ya gina bukka, ya ƙera kibiya mai sa barci, ya harbi dabba har ta suma, ya yi ta ciyar da ita har ta farfaɗo ta zama tasa. Daga nan sai hawa da farauta da yaƙi, sai kuma kiwo. Bayanin da zan yi bisa tsarin sabobin kamfanin ne, wato kwamfutocin da ake haɗuwa a buga wasan a kansu ta intanet, kafin a rufe su a 2023, inda ba a taɓa ma'aunan wasan ba.

Kowace dabbar daji tana da lebul, kuma a can yawanci 150 ne ƙololuwa. Lebul ba wani abu ba ne illa jimillar maki. Rex, wani ƙaton dainoso mai cin nama, in lebul ɗinsa 150 ne yana da maki 149, wasan ya watsa su yadda ya ga dama a kan siffofi bakwai: lafiya, wadda yara ke kira jini, da juriya, da numfashi a cikin ruwa, da cikin abinci, da ɗaukar kaya, da ƙarfin cizo, da gudu. Saboda haka Rex biyu masu lebul ɗaya suna iya bambanta nesa ba kusa ba. Wani makinsa ya taru a jini da cizo, wani kuwa ya tafi a numfashi da ciki, waɗanda ba su tsinana komai a fagen daga. Makin da ya faɗa a gudu ma asara ne gaba ɗaya, don ba ya ƙara wa dabbar sauri. Idan aka kama ta da kyau, ba a bari wani abu ya cije ta tana sume ba, aka kuma ba ta abincin da ta fi so, za ta samu ƙarin kusan rabin lebul ɗinta, 150 ya koma 224. Wannan ƙarin 74 ɗin ana lissafa shi cikin makin asali, kuma ana gadonsa.

To, a nan ne yara suke faɗawa rami. Bayan dabba ta zama taka, duk yaƙin da ta yi tana samun sababbin lebul, kai ne kake zaɓar inda za ka zuba su. Yaro zai yi makonni yana zuba wa Rex ɗinsa cizo har ya kai wajen 280, ya haɗa shi da mace, ƙwai ya ƙyanƙyashe, sai ga ɗa mai lebul 210. Nan da nan ya ce wasan ya cuce shi. Babu cuta ko kaɗan. Abin da ka ƙara wa dabba da hannunka ba ya sauka ga ɗanta, ko maki ɗaya. Duk mai kiwon tumaki ya san haka tun kafin a ƙirƙiro kwamfuta: tsayi da girman ƙashin Balami suna bin jini, amma ƙibar da dusa da harawa suka sa wa rago tana tsayawa a jikinsa. Shi ya sa nake gaya wa yara, da zarar dabba ta farfaɗo, kafin su taɓa komai, su rubuta lambobinta a takarda. Akwai manhaja mai suna Dododex da ke mayar da lambobin zuwa yawan makin kowace siffa. Wannan takardar ita ce gaskiyar dabbar, sauran duk ado ne.

Sai yadda ɗa yake gado. Kowace siffa ana jefa mata ƙuri'arta ita kaɗai, ko dai ta uwa ko ta uba. Ba a haɗawa a raba biyu. Ƙuri'ar ta ɗan karkata: kashi 55 cikin 100 ɗan zai ɗauki wadda ta fi yawa, kashi 45 ya ɗauki ƙaramar. Mu ɗauka uba yana da maki 40 a jini da 25 a cizo, uwa kuma 28 a jini da 42 a cizo. Jinin ɗan 40 ne ko 28, ba zai taɓa zama 34 ba. Damar ya haɗa 40 da 42 ita ce 0.55 sau 0.55, wato kusan kashi 30. Damar ya kwaso 28 da 25, ya fi iyayensa duka rauni, kusan kashi 20 ce. In siffa uku kake nema lokaci guda, damar ta sauko kusan kashi 17. In kuwa shida ne, ba ta kai kashi 3 ba. Lebul ɗin ɗan shi ne jimillar abin da ya gada a ƙara ɗaya, don haka yana iya zarce iyayensa, yana iya gaza su. Launin jiki ma haka yake, sashi-sashi ake gadonsa daga ɗaya cikin iyayen.

Mai haƙuri yakan bi abin daki-daki. Ya haɗa siffa biyu a ɗa ɗaya, ya haɗa wannan ɗan da mai siffa ta uku, har ya samu namiji da mace masu maki iri ɗaya sak. Daga ranar ƙuri'a ta daina aiki, domin duk wanda aka gada abu ɗaya ne, 'ya'yan duka za su riƙa fitowa da lebul ɗaya. Amfanin haka shi ne, ranar da ka ga ɗa ya fito da ƙarin lebul 2, ka san an samu sauyin halitta, abin da 'yan wasa ke kira miyuteshan.

Wannan sauyin ba ya zuwa da arha. Kowane ƙwai ana gwada masa sau uku, kowane gwaji kashi 2.5, jimilla kusan kashi 7.3, wato wajen ƙwai ɗaya cikin 14. In ya zo, yana ƙara maki 2 a siffa ɗaya, wadda ba kai ka zaɓa ba, ya kuma canza launin wani sashi. Sau da yawa a numfashi ko ciki zai faɗa. Akwai kuma ƙirgen sauyin halitta a shafin asalin dabba, ɓangaren uwa da ɓangaren uba, kowanne da iyakar 20. Ɗa yana gadon jimillar ƙirgen iyayensa ko da bai gaji ƙarin makin ba. Da zarar ƙirgen wata dabba ya kai 20, ta daina ba da sabon sauyi. Shi ya sa gwanaye suke ajiye garken mata masu ƙirge sifili, su riƙa haɗa su da namiji ɗaya mai ɗauke da sauyin, su maye gurbinsa da ɗansa in ɗan ya fi shi. Ko namijin ya wuce 20, ɓangaren matan yana nan a buɗe, sai dai damar ta ragu da rabi. Yaran da suke haɗa masu launi da masu launi don ƙawa suna cika ƙirgen a banza. Sannan a sabobin kamfani, kafin a rufe su, duk dabbar da ta wuce lebul 450 akan share ta.

Reno ma yana da lada, amma ba a gadonsa. In ka biya wa jariri buƙatunsa yana girma, ka rungume shi, ka zaga da shi, ka ba shi abin da ya nema, yana samun ƙarin ƙarfi har kashi 20. Ɗansa zai fara daga farko. Kuma renon yana cin lokaci: ƙwan Rex yana buƙatar zafin digiri 32 zuwa 34 na kusan awa biyar, girmansa kusan kwana huɗu, kashi goma na farko kuma sai an sa masa nama da hannu, in ba haka ba ya mutu. Ina faɗa da babbar murya cewa ɗalibin da jarrabawar WAEC ke gabansa ba shi da hurumin wannan aiki. In dole ne, ya buga shi kaɗai ya ƙara saurin girma a saiti, ko ya jira hutu.

Ranka ya daɗe, ga inda abin ya shafi aikina. Masanin halittu Lamarck ya rubuta a 1809 cewa abin da halitta ta samu a rayuwarta yana iya sauka ga zuriyarta. Wani masanin, Mendel, da gwajin wakensa da aka buga a 1866, ya nuna siffofi suna sauka ne ɗaya-ɗaya ba tare da cakuɗuwa ba, kuma bisa ƙuri'a. Yaron da ya ƙyanƙyashe ƙwai biyar a jere bai samu mai 40 da 42 ba ya riga ya ɗanɗani cewa ƙwai ba ya tuna abin da ya faru da na baya. Wannan shi ne abin da na fi shan wahalar fahimtar da aji idan muka zo kan sikila. In miji AS ne mata ma AS, kowane ciki yana da damar ɗaya cikin huɗu ya zama SS. Mutane da yawa suna ɗauka in an haifi mai ciwon ɗaya, ukun da ke biye sun tsira, alhali kowane ciki sabuwar ƙuri'a ce.

Sai dai wasan ya kauce wa gaskiya a wuri biyu, kuma sai malami ya gyara. A ARK babu siffar da ke ɓuya. In ɗa bai ɗauki 40 ɗin ubansa ba, ta fita daga jikinsa har abada. A halitta kuwa kowa yana ɗauke da kwafi biyu, ɗaya daga uwa ɗaya daga uba, ɗayan yana iya kwanciya shiru ya bayyana a jika. Mai AS lafiyarsa ƙalau, ba a gane shi da ido sai da gwajin jini. Na biyu, a wasan ana haɗa uba da 'yarsa zuriya bayan zuriya ba wata illa, alhali a garken gaske irin wannan haɗi yana fito da cututtukan da suke ɓoye, yana raunana zuriya.

Masu buga sabon fitowa na 2023, ARK: Survival Ascended, su lura cewa an canza wasu abubuwa. Can ana ƙirga makin sauyin halitta daban da makin asali, don haka dabarar garken ta ɗan bambanta, amma ƙa'idar 55 da 45 da rashin gadon horo suna nan. Ina roƙon jaridarku ta riƙa ba irin wannan bayani wuri lokaci-lokaci, ko da rabin shafi ne, domin masu buga wasannin nan da Hausa suke tattaunawa a tsakaninsu. In kun amince, a shirye nake in aiko da darasin sikila cikakke, da jadawalinsa, yadda nake gabatar da shi a aji.

Wassalam. Na gode.

Naku,
Malamin Bayoloji,
Zariya, Jihar Kaduna.