Sanarwa: zaman tarihi na ranar Asabar

Assalamu alaikum ƴan'uwa, barkanmu da warhaka.

Zamanmu na wannan wata zai kasance ranar Asabar mai zuwa, bayan sallar La'asar, a zauren da muka saba haɗuwa nan Birnin Kebbi. Za mu tattauna yadda Turawa suka raba Afirka, tun daga taron Balin na 1884 har zuwa faɗuwar Sakkwato a hannun Ingila a 1903. Abin da ya fi ci mini rai shi ne iyakar da Ingila da Faransa suka shata, wadda ta raba Kamba da Gaya ta Nijar, dangi ɗaya suka koma ƙasa biyu. Nijar ta samu ƴancin kai ranar 3 ga Agusta 1960, mu kuma 1 ga Oktoba, amma iyakar tana nan daram.

Don Allah kowa ya zauna da wani dattijo a gidansu, ya tambaye shi abin da ya ji game da harajin zamanin En'e da aikin tilas, ya rubuto mana. Kowa zai ba da naira 500 ta ruwa da hayar kujeru, a miƙa wa ma'aji kafin Juma'a. Maganar jam'iyyun yau kuwa, a bar ta a ƙofa.

Allah ya kai mu lafiya. Na gode.