Amsa ga mai tambaya: Godzilla ba dodon tatsuniya ba ne

Assalamu alaikum, Malam.

Ka tambaye ni a bainar jama'a ko Godzilla, ƙaton dodon nan na fim, yana cikin dodannin tatsuniyoyin Japan da masu shirya fim suka tono bayan Yaƙin Duniya na Biyu. Amsata ita ce a'a.

Kamfanin Toho ne ya ƙirƙiro shi a 1954, Ishiro Honda ya ba da umarni, watanni kaɗan bayan tokar gwajin bam ɗin nukiliyar Amurka a tsibiran Bikini da ke tekun Pacific ta zubo wa wani jirgin masuntan Japan. Tsoron nukiliya ne ya haife shi, babu kakar da ta taɓa ba jikokinta labarinsa.

Halittun gargajiyarsu kuwa yokai ake ce musu, kuma da yawansu maƙwabtan mutane ne masu ka'ida. Kappa, mazaunin kogi, yana da ɗan ruwa a tsakar kansa, idan ka rusuna ka gaishe shi, dole shi ma ya rusuna, sai ruwan ya zube ƙarfinsa ya tafi. A 1968 kamfanin Daiei ya tara irinsu a finafinansa, har da mace mai wuyan da ke miƙewa cikin dare da laima mai ido ɗaya da ƙafa ɗaya. Godzilla da tankokin yaƙi ake tunkararsa, su kuwa ladabi da cika alkawari ne ke kuɓutar da mutum daga hannunsu.

Wanda ya fi taɓa zuciyata shi ne labarin matar ƙanƙara a fim ɗin Kwaidan na Masaki Kobayashi, wanda ya fito a 1964 kuma ya samu kyauta a bikin finafinai na Cannes da ke Faransa a 1965. Ta bar wani saurayi mai saran itace da ransa bisa sharaɗin kada ya faɗa wa kowa ya gan ta, daga baya ta zo masa a siffar budurwa, ya aure ta, suka haihu. Daren da ya kwance mata sirrin, bai san ita yake faɗa wa ba. Ta ƙyale shi albarkacin 'ya'yansu, ta fice cikin ƙanƙara, ya tsaya riƙe da takalman da ya saƙa mata.

Da fim ɗin Kwaidan nake ba ka shawarar farawa, sai dai ka ware masa lokaci, domin ya kai awa uku.

Wassalam.