Rahoton Ayyukan Ƙungiya na Shekarar 2024 (Tawa)

Assalamu alaikum iyayenmu, 'yan uwa maza da mata, na gida da na waje.

Ga rahoton ƙungiyarmu ta tsai da ruwa da dashen itace da kuke ta tambaya. Na san ya yi latti, ku yi haƙuri, ban so in rubuta shi ba sai mun zauna da ma'aji mun tantance kowace dala, don bara wani ya tashi cikin taro ya ce lissafi bai daidaita ba, alhali shi kansa rabonsa da biyan kotizasiyo, kuɗin wata na ƙungiya, tun kafin korona.

To da kuɗin zan fara, tunda su ne ciwon. Mutum 84 ke cikin kaye. Dala ɗari ce kawai a wata, jika 6 a shekara, kuɗin da wasunmu ke ƙonewa a kati cikin sati biyu. Waɗanda sunka biya duka mutum 23 ne, 19 sun ba da wani abu sun tsaya, sauran 42 ko sisi. Da kowa ya sauke nauyinsa da jika 504 ke cikin kes, abin da ya shigo jika 185. 'Yan uwanmu na Abijan sun haɗo jika 120 daban lokacin gayyar gyaran fako, Allah Ya saka musu da alheri Ya dawo da su gida lafiya, ba don su ba da wannan rahoton layi uku ne. An kashe jika 35 wajen leda da irin itatuwa, 48 ruwan pepiniyar (wajen da muke renon 'yan itatuwa kafin dashe), 140 gayya, 60 taimakon waɗanda ruwa ya rusa wa ɗakuna. Saura jika 22 hannun ma'aji, rasidai na nan, mai so ya gani ya zo ya gani. Ni dai na gaji da bin mutane gida gida da esans ɗina, ka je ka yi sallama a ce ya fita, kana jin muryarsa cikin ɗaki.

Taron wata an yi 9 cikin 12, biro ya zauna sau 5, ba wani abu sabo.

Kafin in zo kan abin da bai yiwu ba, bari in ɗan tuna muna irin shekarar da munka ratsa, saboda akwai masu magana kamar ba a ƙasar nan suke ba. Azumin bana cikin Maris da Afrilu ya faɗo, kowa ya ji a jikinsa, a Kayes ta Mali har digiri 48.5 anka auna farkon Afrilu. Mu nan dare ma bai sanyi, tabarma sai ka yayyafa mata ruwa kafin ka kwanta. Daga nan damina ta zo kamar da fushi. Mutum sama da 300 sunka rasu a faɗin Nijar, waɗanda ambaliya ta shafa sun haura miliyan, tsohon masallacin Damagaram na ƙasa wanda ya fi shekara 150 tsaye ya zube cikin Satumba, hanyar shiga Yamai ta yanke cikin Agusta kamiyo sunka yi layi, lakkwal da za a buɗe 2 ga Oktoba sai 28 yara sunka koma. Iyayenmu fari sunka sani, 1973 da El Buhari ta 1984, abin da suke tsoro kenan sama ta bushe. Mu kuma namu ya zama biyu: ko ruwa ya ɗauke sati uku hatsi na tsaka da girma, ko na wata guda ya sauko cikin dare ɗaya. Masu binciken yanayi sun ce manyan hadarai masu ƙarfi a Sahel sun ninka uku tun daga 1982, dalili Sahara na ƙara zafi, iska mai zafi kuma ta fi ɗaukar laima. To mu a Adar ƙasarmu dutse ce da fako, ruwa in ya sauka kan tudu bai shiga, gangarowa yake ya haɗu cikin kori ya ci gona ya binne fadama da rairayi. Shi ya sa tun kafa ƙungiyar nan maganarmu ɗaya ce, a tsai da ruwa inda ya faɗi.

Pepiniyar. Mun yi alkawarin leda 2000, an cika 1200, waɗanda sunka kai lokacin dashe wajen 450. Na ji ana cewa biro ya yi sakaci. To ku saurara. An tsara ban ruwa gida biyu kowane sati, sunaye na manne a bangon shagon shugaba. Satin farko da na biyu lafiya lau, daga na uku sai ni da ma'aji da yaran Hajiya shugabar mata. Ruwa sayensa muke tano tano a amalanken jaki, cikin zafin Afrilu mai amalanke ya ƙara kuɗi, kuma ba laifinsa ba ne shi ma layi yake bi a pompo tun asuba. Ga shinge. Tun Janairu na ce a sayi waya, anka ce ƙaya ta isa, a bari kuɗi su shigo. Kuɗi ba su shigo ba, awaki sunka shigo. Da safe na je na tarar da akuya uku sun bi layin zogale sun aske shi tas, sun taɓa bagaruwa, bedi kam ba su taɓa shi ba saboda ɗaci. Na zauna bisa tano na fi minti goma ban ce komai ba. Mai awakin ɗan ƙungiya ne, ba zan faɗi suna ba, ya san kansa.

Rijiyar da za ta raba mu da sayen ruwa tana nan inda ta tsaya, gaba shida, an ci karo da dutse. Gwanin ya ce sai an ƙaro kayan aiki da siminti, kuɗin da ya faɗa ya fi abin da ya shigo kes duk shekara. Mun rubuta wa wani proje takarda tun Fabrairu, an ce ana dubawa, har yau ana dubawa. Mun rufe bakin da itace da ƙaya saboda yara, ba watsar da ita munka yi ba. Maganar murhu mai tsimin itace da za a koya wa mata ko farawa ba a yi ba, wannan kam na ɗauki laifin, lokacin da ya kamata in bi maganar ina can ina bin bashi.

Yanzu ga abin da ya wanke mana zuciya, gayyar rabin wata a fakon da maigari ya ba mu, Asabar biyu a jere cikin Mayu. Wallahi ko da ba mu yi komai ba bana sai wannan, ni ban yi asarar shekarata ba. Wanda bai zo ba sai dai labari.

Kun san wajen, fili ne fetal mai jan tsakuwa, diga ma tsalle take in ka sara, tun ina yaro ban taɓa ganin ko ƙarangiya ta fito can ba. Ranar Juma'a da marece ma'aikacin gandun daji ya zo da tiyon auna gangare, shi da matasa huɗu sunka shata. Abu ne mai sauƙi: a kafa turke, a ɗaura igiya mai mita 2, a ja rabin da'ira, faɗinta ya zama mita 4. Bakin yana kallon tudu inda ruwa ke fitowa, ƙasar da anka haƙe a tara ta baya ta zama ganuwa, layi na biyu kuma a sa shi a tsakanin na farko yadda ruwan da ya kuɓuce wa wannan zai faɗa wancan. Hekta guda tana cin rabin wata 313. Asabar tun an sallame asuba mutane sunka fara isowa, wasu a moto wasu a amalanke, da diga da shebur da kwanon ɗibar ƙasa. Na ƙirga 117 ranar farko, kuma abin kunya gare mu, 'yan ƙungiya cikinsu ba su kai 30 ba, sauran mutanen ƙauye ne da 'yan lakkwal. Shugaba ya ɗauko makaɗin noma, da ganga ta tashi sai samari sunka rabu gida biyu ana gasa, wani yaro ɗan shekara kamar 17 ya haƙa biyar shi kaɗai kafin azahar, alhali babban mutum in ya yi uku a wuni ya yi ƙoƙari.

Amma wadda ta ɗauki ranar Inna ce, uwar ma'aji. Ba wanda ya gayyace ta aiki, fura ta rako. Tana zuwa ta tsaya bisa kan wasu samari ta ce kai 'ya'yan nan, wa ya koya muku haka, ganuwar da ba a daddale ba ruwan farko zai tafi da ita. Ta aje sanda, ta hau ganuwa tana takawa da diddige, ta sa anka kwaso duwatsu anka jera a kunnuwan biyu inda ruwa ke fara ci. Ashe tana budurwa ta yi aikin projen Keita, wanda anka fara a 1984 da kuɗin Italiya, lokacin maza sun watse bida mata ne sunka ɗauki dutse a ka suna gyaran tsaunuka ana biyan su da abinci. Ta buɗe muna tafin hannunta ta ce wannan kantar ta Keita ce, ba ta tafi ba har yau. Ma'aikacin gandun daji da kansa ya yi dariya ya ce Inna ke ce injiniya, ni takarda kawai gare ni. Daga nan duk wanda ya gama nasa sai ya kira ta ta duba. Da rana an ci shinkafa da wake a inuwar tanti, mata sun yi ƙoƙari ƙwarai, fura ta wadata, ruwa ne dai ya so ya yanke wajen ƙarfe biyu sai da anka sake tura amalanke.

Asabar biyu, rabin wata 620, kusan hekta 2. An zuba taki a ciki, an watsa irin kyasuwa da gamba, ranar 3 ga Agusta ta dashen itace kuma anka kai 'yan itatuwan da sunka tsira daga pepiniyar, dakwara da bagaruwa da aduwa, ɗaya a kowane rami har inda sunka ƙare. Washegarin babban ruwan farko na hau moto na je ni kaɗai ta cikin taɓo. Daga bisa tudu ka hango su layi layi kowanne cike da ruwa yana ƙyalli, korin da ke ƙasa wanda kullum ke zuwa da hauka yana tafiya a hankali. Na ɗauki hoto na tura Watsap, cikin minti biyar mutum 40 sun yi ma sha Allah, har da waɗanda na kira sau uku ranar gayya ba su ɗaga ba. Cikin Satumba ciyawa ta kai gwiwa. Kusan 50 sun fashe a ruwan ƙarshen Agusta, yawanci na gefen gabas da anka yi da gaggawa ranar biyu bayan Inna ta koma gida, za a gyara su kafin damina. Baba mai gonar da ke ƙasa da wajen ya ce bana ne karon farko cikin shekaru da rairayi bai binne masa shuka ba, ya aiko wa biro dami biyu na hatsi.

Kuma kada wani ya ɗauka sabon abu munka ƙirƙiro. Tasa da ake haƙawa ana zuba taki, manoman Illela ne sunka je Yatenga ta Burkina a 1989 sunka gani sunka dawo da ita, yau ku bi hanyar Badagishiri ku ga fakon da ya koma gona. Layukan bedi na kwarin Majiya wajen Buza tun 1975 suke tare iska. Sassaben zamani da ya tashi daga Maraɗi, barin tohon gawo da kalgo da sabara cikin gona ana yi musu aski maimakon a tumɓuke, ya farfaɗo da hekta wajen miliyan 5 a ƙasar nan, ba leda ba ban ruwa ba shinge. Ni a ganina ma, kuma ra'ayina ne ba na biro ba, baɗi mu rage wahalar pepiniyar mu karkata nan, tunda mun gwada mun ga ƙarfinmu. Itacen da ke da saiwa a ƙasa tun da can ya fi wanda za a dasa a ɗauki hoto a tafi a bar ni da bokiti.

Taimakon ambaliya gida 6 anka kai wa, jika goma goma. Ya yi kaɗan, mun sani, abin da ke akwai kenan.

Abin da ke gabanmu: gyaran rabin watan da sunka fashe, ƙarin hekta guda in hali ya yi, da mai gadin wajen daga yanzu zuwa saukar ruwa, don dabbobi sun fara kewayawa kuma mun yi magana da makiyayan da ke kusa cewa za a yanke ciyawar a raba da su, kada a saki garke ciki. Mai gadi jika 15 yake so a wata, abin da ke kes bai kai wata biyu ba. Babban taro Lahadin farko ta Janairu bayan la'asar a gidan shugaba, za a karanta sunan kowa da abin da ake bin sa, biro ne ya yanke haka ba ni ba. 'Yan waje ku tura ta hannun ma'aji kamar kullum. Kuma a wannan taron ina roƙo a zaɓi wani ya karɓi karɓar kotizasiyo, rubutu zan ci gaba da yi in kuna so, amma yawon gidaje na aje. Wanda ya ari diga biyu da baro ranar gayya ta biyu, don Allah ya taho da su.

Wassalam,
Sakataren ƙungiya