Waɗanda suka tsira ma suna ɗauke da rauni

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon fili a wannan jarida domin in yi magana a kan wani ciwo da ido ba ya gani, wanda kuma mu mutanen zango muka fi kowa iya ɓoye shi.

Duk sanda damina ta kama a Akra nakan tuna daren 3 ga watan Yuni na 2015, lokacin da ruwa ya cika gari, fetur ya bi saman ruwan, wuta ta tashi a gidan man da ke kusa da shataletalen Kwame Nkrumah inda jama'a suka fake, mutum sama da 150 suka rasu. An ƙirga mamata, an yi makokin ƙasa na kwana uku, amma ba wanda ya ƙirga irin ɗan yayata, mai sayar da wayoyi a wurin, wanda ya fito ba ko ƙwarzane a jikinsa. Mun yi masa barka, mun yi sadaka, muka ɗauka magana ta ƙare.

Ashe yanzu ta fara. Barci ya ƙaurace masa, in kuwa ya runtsa sai ya farka a firgice, jiƙe sharkaf da gumi. Da zarar hadari ya haɗu sai gabansa ya riƙa faɗuwa, hannuwansa na rawa, warin fetur kuma ya tayar masa da amai. Ya gwammace ya hau mota biyu ya zagaya da ya bi ta wurin. Yaron da aka sani da fara'a ya koma mai saurin fushi, kullum yana tambayar abin da ya sa shi ya tsira amma abokinsa bai tsira ba. An auna jininsa an nemi zazzaɓin sauro da taifod saboda ciwon kai da ciwon ciki, ba a sami komai ba.

Sai daga baya wata ma'aikaciyar jinya ta fahimtar da mu. Idan mutum ya ga mutuwa ido da ido, jikinsa yakan saki sinadarai irin su adirenalin da kotizol, zuciya ta ƙara bugu, numfashi ya gajarta, narkar da abinci ta tsaya, domin ya samu ƙarfin gudu. A wurin yawancin mutane wannan yakan lafa cikin 'yan makonni, amma a wurin wasu jiki yakan ci gaba da zaman ɗar-ɗar kamar haɗarin bai wuce ba. Idan abin ya haura wata guda har yana hana mutum aiki da zaman iyali, ya zama ciwo mai buƙatar magani, wanda likitocin Amurka suka sa wa suna PTSD, wato ciwon firgici bayan mummunan abu, a 1980 bayan abin da suka gani a jikin sojojin da suka dawo daga yaƙin Biyetnam.

Abin da ya fi damuna shi ne irin maganganun da muka faɗa masa, har da ni. Wasu sun ce aljanu ne, wasu sun ce sammu, mu kuma da muke ganin mun waye muka ce ƙarancin tawakkali ne, ai namiji ba ya raki. Mun manta cewa baƙin cikin rabuwa da Annabi Yusufu ne ya sa idanun Annabi Yakubu suka yi fari, alhali shi ne mai kyakkyawan haƙuri. "Yi haƙuri" kalma ce mai daraja, sai dai mukan yi amfani da ita don rufe bakin mai son a saurare shi. Haka muka yi bayan turmutsutsun filin wasan ƙwallo na Akra na 9 ga Mayun 2001, wanda ya cinye rayuka fiye da 120, da dama daga cikinsu 'yan unguwarmu ta Nima.

Abin da ya taimaki yaron ba wani abu ne mai tsada ba. An samu wanda ya zauna da shi yana saurare ba tare da tilasta masa ba da labari ba, aka tsayar masa da lokacin barci da na abinci, ya koma sallar jam'i, ya koyi jan numfashi a hankali yana sakinsa sannu idan faɗuwar gaba ta taso. Daga baya ya riƙa kusantar wurin kaɗan-kaɗan tare da ɗan rakiya. Babban yaƙin shi ne raba shi da abokan da suka kawo masa tiramadol wai don ya manta, da masu turo hotunan ƙonannun gawarwaki ta WhatsApp duk shekara da sunan tunawa.

Ghana ta yi dokar lafiyar ƙwaƙwalwa tun 2012, akwai asibitin ƙwaƙwalwa na Pantang da na Ankaful, akwai kuma sashen wannan fanni a asibitin Komfo Anokye a Kumasi, amma tsoron kada a kira mutum mahaukaci ya hana mutanenmu taka ƙofarsu. Don haka nake roƙon limamanmu da sarakunan zango su ware huɗuba ɗaya kafin ruwan bana ya kankama, su faɗa wa jama'a cewa addu'a da zuwa asibiti ba kishiyoyi ba ne.

Ɗan yayata ya koma kasuwa. Har yau idan sama ta yi duhu yakan rufe shago ya dawo gida da wuri, mu kuma mun daina tambayarsa dalili.

Wassalam,
Wani mazaunin Nima, Akra