Rahoton Kwamitin Gyaran Ɗakin Sauti da Ma'ajiyar Finafinai na Sashen Fim

Kwamitin da aka ɗora wa gyaran ɗakin ɗaukar sauti da ma'ajiyar finafinan ɗalibai yana sanar da malamai da tsofaffin ɗalibai cewa aiki ya kammala, mukullai kuma sun koma hannun shugaban sashe.

Da farko niyyarmu ba ta wuce fenti da sauya kujerun zauren kallo ba. Malamin da ya fi kowa daɗewa yana koyar da sauti ne ya juya mana akala. Ya kai mu ɗakin, ya rufe ƙofa, ya ce kowa ya yi tsit. Sai ga takun masu wucewa a baranda, ga gurnanin na'urar sanyaya ɗaki, har da tarin wani a ofishin da ke kusa. Ya ce mai kallo kan yi haƙuri da hoton da ya ɗan dushe, amma in magana ba ta fita, tashi zai yi abinsa. Ba wanda ya yi musu.

Soson da aka liƙa a bango tun shekarun baya amsa-kuwa kaɗai yake ragewa, ba ya tare ƙarar waje. Abin da ke tare ta shi ne kaurin bango da sararin da aka bari a tsakani. Don haka aka gina ɗaki a cikin ɗaki: bango na biyu wanda bai taɓa na farko ba, daɓe a kan roba, da ƙofofi biyu masu nauyi. Na'urar sanyaya ta koma waje, iskarta tana shigowa ta bututu mai lanƙwasa. Nan ne muka sha jinkiri, domin mai aikin farko ya haɗa bangon biyu da ƙusoshi, alhali ƙusa ɗaya tak ta isa ta ɗauko girgiza. Dole aka warware, aka sake.

Ma'ajiyar ce ta fi tayar mana da hankali. A can gwangwanayen finafinan kammala karatu suke, na zamanin da ɗalibai ke ɗauka da fim mai faɗin milimita 16. Muna buɗe wasu, sai wani wari mai tsami irin na ruwan khal ya cika ɗakin. Alama ce ta cewa asitet, wato irin robar da aka yi fim ɗin da ita, ya fara ruɓewa: yana ƙanƙancewa, yana lauyewa, zafi da laima kuma suna ƙara masa sauri. Tururin tsamin yana shafar na kusa da shi, shi ya sa muka ware masu wari a kanta daban. Sauƙin da muka samu shi ne, tun da kamfanin Kodak ya fito da fim mai faɗin milimita 16 a 1923 ba a kan robar naitiret mai saurin kama wuta aka yi shi ba, saɓanin mai milimita 35 kafin farkon shekarun 1950. An toshe yoyon rufi, an rufe tagar da rana ke shigowa, an sa na'urar tsotse laima.

Tsofaffin ɗalibai ne suka ɗauki mafi yawan nauyin kuɗin. Wata daga cikinsu, wadda ke aikin tace fim yanzu, ta riƙa zuwa ƙarshen mako tana mayar da finafinan cikin kwamfuta. Aiki ne mai cin rai: naɗi ɗaya na mita 120 bai wuce minti 11 ba, a kan hoto 24 cikin daƙiƙa, amma gyaran mahaɗan da suka saki kan cinye yini. A cikinsu ta ci karo da fim ɗin ɗalibta na malamin sautin nan. Maganar ciki da ƙyar take fita, kuma an yi dariya har da shi.

Kujerun zauren kallo suna nan yadda suke, sai zagaye na gaba. Akwai kuma gwangwanayen da rubutunsu ya goge. Duk wanda ya san fim ɗinsa yana ma'ajiya, ya leƙo ofishin sashe ya taya mu tantancewa.